Filin bayan la'asar: yadda wani gidan rediyon jiha ya yi sake da shirinsa na yamma, da yadda ya farfaɗo da shi

Wannan nazari ya shafi shiri guda ne a wani gidan rediyo mallakar gwamnatin jiha a arewa maso yammacin Najeriya. Shirin zaɓen masu sauraro da gaishe-gaishe ne da ake yi da yamma, Litinin zuwa Juma'a. An sakaya sunan gidan da na shirin da na ma'aikatan, domin wasunsu har yanzu suna bakin aiki. Mutum uku ne suka riƙe shirin a matsayin nasu tun kafa shi, ban da wasu shekaru da ya yi ba mai shi.

## Tushen gidan da na shirin

Gidan yana cikin waɗanda suka koma hannun jihohi a 1978, lokacin da aka yi wa harkar rediyo garambawul. A shekarar aka haɗe gidan rediyon ƙasa da na Arewa da ke Kaduna, wanda aka buɗe tun 1962, aka samar da Rediyon Tarayya, sannan aka bar wa jihohi tashoshin da ke cikinsu. Abin da wannan jiha ta gada shi ne ɗakunan watsa shirye-shirye biyu, da ɗakin faya-fayi, da na'urar watsawa a kan matsakaicin zango can bayan gari. Na'urar nan ita ce ƙarfin gidan. Da rana tana game jihar, da dare kuwa har garuruwan Nijar na kan iyaka ake kamawa.

A farkon shekarun 1980 aka ƙirƙiro shirin, aka ba shi ƙarfe 4:30 zuwa 6:00. Ba haka kawai aka tsinci lokacin ba. An sauko daga sallar la'asar, rana ta yi sanyi, tela ya koma kan kekensa, bakanike ya koma ƙarƙashin mota, mata sun ɗora sanwar dare, yara sun tafi Islamiyya gida ya yi tsit. A shekarun da suka biyo baya ma tsarin rediyoyin ƙetare ya zo ya dace da shi: Jamus ƙarfe 2, BBC wajen ƙarfe 3, Muryar Amurka ƙarfe 4 na rabin sa'a. Mai rediyo ya gama zagayen labaran duniya daidai 4:30, sai ya murɗo gida.

## Baba da zamanin katin zaɓe

Mai gabatarwa na farko tsohon malamin firamare ne da ya koma aikin rediyo. Tun da sauran ƙuruciyarsa masu sauraro suka laƙaba masa Baba, haka kuma za a kira shi a nan. Muryarsa ba ta a-zo-a-gani ba ce, kuma ba ya sauri. Abin da ya fi kowa da shi shi ne sanin jihar. Ya san ƙauyen da ke cin kasuwa ran Talata da wanda ke ci ran Lahadi, ya san unguwar da maƙera suke da wadda marina suke, ya san garuruwa biyu masu suna ɗaya da yadda ake bambanta su.

A kan kati shirin ke tafiya. Gidan rediyo yana buga katin zaɓe, ɗan ƙaramin kwali mai gurbin sunan mai zaɓe da garinsa, da 'yan layuka na waɗanda yake gaisarwa. Wakilai su sara, su kai kantuna da teburan masu shayi da tashoshin mota. Wanda bai iya boko ba ya sa ɗan makaranta ya cike masa. Matan kulle ta hannun yara suke saye, da kuɗin ƙuli-ƙuli ko na kitso, su aika gaisuwa ga iyayensu a garin da aka auro su. Wakili ya tara, ya ɗaure da kyauro, ya ba direban motar kasuwa ya sauke a ƙofar gidan rediyo.

Tun ƙarfe 2 Baba ke zama da katunan a kan tabarma, a bayan ɗakin faya-fayi. Ya kasa su kashi-kashi bisa ƙananan hukumomi, sannan ya riƙa zaro ɗaya daga nan ɗaya daga can, don kada a karanto gari ɗaya sau biyu a jere. Sunan da ya ga zai yi masa gardama a baki sai ya ja masa layi da jan biro, ya fita ya nemi masinja ko mai gadi ko direba ɗan yankin ya ji yadda masu garin ke faɗa. Katin da ya zo da cigiya, yaro ne ya ɓata ko jaki ko akuya, ko kuwa sanarwar rasuwa, shi ke hawa sama. Waƙa tana shigowa ne a tsakani don a huta, kuma ba kasafai yake barin ta ta kai ƙarshe ba.

Daga nan ƙungiyoyin 'yan zaɓe suka tsiro, kowace da shugabanta da ma'ajinta da uwar ƙungiya. Mutanen da a rediyo kaɗai suka san juna suka riƙa halartar biki da suna da ta'aziyyar juna. Kuɗin kati kuma yana shiga asusun gidan. Ba mai yawa ba ne, amma kullum ne, da shi ake sayen batir da kaset da man motar ɗaukar rahoto.

## 2001 zuwa 2008: waya ta shigo, kati ya yi kwantai

Tun 1992 gwamnatin soja ta yi doka mai lamba 38, wadda ta kafa hukumar kula da kafafen watsa labarai ta NBC, ta kuma ba 'yan kasuwa damar buɗe gidajen rediyo. Raypower ta fara a Legas a 1994. Gidajen jihohin Arewa ba su ji a jikinsu sosai ba sai bayan da Freedom ta buɗe a Kano a Disambar 2003, wasu suka biyo sahu. Kusan a wannan tsakani Rediyon Tarayya shi ma ya riƙa buɗe tashoshin FM a jihohi, irin su Pyramid a Kano da Companion a Katsina da Pride a Gusau.

Wayar salula ta riga su da kaɗan, a Agustan 2001. Da farko sai wane da wane, domin minti ɗaya naira 50 ne. Da Glo ta shigo a 2003 da lissafin daƙiƙa-daƙiƙa, sauran kamfanonin suka bi, kira ya yi sauƙi. Sabbin tashoshi suka gina shirye-shiryensu a kan kira kai tsaye. Kati kan kwana uku, wani lokaci mako, kafin a karanto shi. Waya kuwa nan take mutum zai ji muryarsa a rediyo.

Wakilan birni ne suka fara daina sarar kati. Na ƙauye ba su daina ba, amma da jimillar ciniki ta ragu sai gidan ya rage bugawa, ya zama mai son kati a ƙauye ya je kanti a ce masa babu. Shi kuma sashen kasuwanci ya ɗauki wannan a matsayin shaidar cewa ƙauye ma sun bar yayin kati.

Akwai kuma abin da ya faru da akwatin rediyon kansa. Ƙananan wayoyin da suka cika kasuwa suna zuwa da rediyo, amma FM kaɗai suke kamawa. Gidan ya samu tasa na'urar FM, sai dai FM ba ta cin dogon zango, birni ne da kewayensa. Tsohuwar na'urar matsakaicin zango, wadda ita ke kai wa ƙauyuka, ta fara yawan tsayawa. Kayan gyaranta daga waje ake odar su, ga shan wuta.

A 2008 Baba ya cika shekara 35 yana aikin gwamnati, ya yi ritaya kamar yadda doka ta tanada. An yi masa walima, an ba shi agogon bango. Ba wanda aka zaunar kusa da shi ya koyi kason kati kafin ya tafi.

## Gwaji na farko, 2008 zuwa 2011: sabon jini

Shugabannin gidan suka yanke cewa shirin ya tsufa. Aka ɗauko wani matashi mai digiri a aikin jarida, wanda ya yi hidimar ƙasa a wata FM mai zaman kanta. Yaron ƙwararre ne, yana da murya, yana da raha, ya iya sarrafa na'ura da kansa. Aka soke kati gaba ɗaya, aka sa layin waya biyu, aka cika shirin da waƙoƙin zamani, aka kuma mayar da shi ƙarfe 3:00 zuwa 5:00 don a samu sa'a biyu ta tallace-tallace.

Watannin farko waya ba ta hutawa, kowa na murna. Furodusa ce ta fara lura da wani abu, domin tana rubuta sunan duk wanda ya kira a wani littafi. Da ta waiwayi shafukan baya sai ta tarar sunayen nan dai su ne. Mai shagon atamfa na babbar kasuwa, wani ɗan acaɓa, wani mai sayar da katin waya, da wasu 'yan kaɗan irinsu. Duk maza, duk 'yan birni, duk masu kuɗin kira da lokacin zama suna danna lamba har ta shiga. Kiran kansa yakan cinye minti uku:

"Salamu alaikum, da wa muke tare?"

"Halo? Halo? Kana ji na?"

"Ina jin ka, Malam, rage sautin rediyonka."

Kafin ya rage, ya gaishe da mai gabatarwa da iyalinsa, ya jero abokansa na majalisa, layin ya yanke. A lokacin da Baba zai karanto kati biyar daga garuruwa biyar, mutum ɗaya aka ji.

Sabon lokacin ma ya zo da tasa matsalar. Ƙarfe 3 magidanta suna kan BBC. Ana cikin shirin a kira la'asar, a watse. A dawo a tarar da Muryar Amurka. Mata kuwa ƙarfe 3 ba su zauna ba, ana fama da shirya yara zuwa Islamiyya. Sannan ga Ingausar mai gabatarwa, wadda ta burge ɗaliban birni amma ta bar tsofaffin 'yan zaɓe a waje. Ya taɓa kiran sunan wani babban gari ba daidai ba har kwana uku a jere, sai da wani direban gidan ya tare shi a bakin ƙofa ya gyara masa.

## Gwaji na biyu, 2012 zuwa 2016: sayar da fili

Ranar 1 ga Janairun 2012 aka cire tallafin fetur, lita ta tashi daga naira 65 zuwa wajen 140, kafin zanga-zanga ta sa a tsayar da ita a 97. Kuɗin gudanar da gidan ya ƙaru, abin da ake ba shi daga baitulmali bai ƙaru ba. Da farashin ɗanyen mai ya faɗi daga ƙarshen 2014, jihohi da yawa suka kasa biyan albashi a kan kari, aka ce wa gidan ya nemi na kansa.

Matashin ya samu tayi daga wata tasha mai zaman kanta, ya tafi. Ba a naɗa kowa a madadinsa ba. Duk wanda jadawali ya faɗo kansa shi ke shiga ya zauna, yau wannan gobe wancan. Mai sauraro bai san muryar da zai tarar ba.

Sashen kasuwanci ya yanka shirin ya sayar. Rabin sa'ar farko aka ba masu maganin gargajiya. Cikinsu akwai masu mutunci, amma waɗanda suka fi biya su ne masu maganin basir da na ƙarfin maza, kuma bakinsu ba linzami. Uwa tana tuƙa tuwo, 'ya'yanta na gefe, sai ta miƙa hannu ta kashe. Wadda ta kashe yau da gobe, jibi ba za ta kunna ba.

Da zaɓen 2015 ya ƙarato aka ƙara sayar da wani yanki ga sojojin baka. Gidan gwamnati ne, don haka na jam'iyya mai mulki kaɗai ke shiga. Magoya bayan ɗaya ɓangaren suka ƙaura zuwa tashoshin da ake jin nasu.

Kuɗi dai sun shigo, wannan ba a musu. Da su aka sayi gas ɗin janareta na tsawon lokaci, aka biya alawus ɗin ma'aikatan wucin gadi. Sai dai da yawan filayen siyasar bashi aka yi su, bayan zaɓe kuma aka nemi masu su aka rasa. A 2016 tsohuwar na'urar matsakaicin zango ta tsaya, ba a sake tayar da ita ba.

## 2017 zuwa 2019: Facebook

Aka samu sabon shugaba mai sha'awar zamani. Aka mayar da masu magani dare, aka rage siyasa, musamman da NBC ta tsananta, har ta ci tashoshi 45 tarar naira 500,000 kowace a Maris ɗin 2019 kan karya ƙa'idar zaɓe. Aka kafa waya a kan ƙarfe a situdiyo, ana nuna shirin kai tsaye a Facebook. 'Yan jihar mazauna Legas da Abuja da Saudiyya suka riƙa leƙowa suna rubuta gaisuwa, ana karantawa. Abin ya yi kyau a rahoton da ake kai wa ma'aikatar yaɗa labarai. Masu talla na cikin gari ba su motsa ba, domin mai kallo daga Jidda ba zai sayi taki a shagonsu ba.

## 2020: abin da darussan korona suka tono

A Maris ɗin 2020 aka rufe makarantu saboda korona. Kamar jihohi da dama, wannan ma ta mayar da darussan firamare rediyo. Don darasin ya isa nesa, gwamnati ta saki kuɗi aka gyara eriya, aka ƙara wa na'urar FM ƙarfi. Ba ta kai inda tsohuwar ke kaiwa ba, amma ƙananan hukumomi da yawa sun dawo cikin zango.

Aka ɗora wa wata ma'aikaciyar wucin gadi, mai gabatar da filin mata, aikin shigar da malamai da sallamarsu. Yara suka riƙa ce mata Anti, sunan ya bi ta. Ita ce ta bayar da lambar WhatsApp don ɗalibai su aiko da tambaya. Tambayoyin darasi sun zo, amma ba su ne suka fi yawa ba. Saƙonnin murya ne na iyaye mata: a gaishe mini da innata a gari kaza, ɗana ya fita tun jiya bai dawo ba, famfonmu ya lalace wata biyu. Wasu kuma suna tambaya ko Baba yana raye.

Da ta zauna tana bin saƙonnin sai ta ga muryoyi daban-daban suna fitowa daga lamba ɗaya. Ta kira wasu daga cikin lambobin. Ɗaya mai cajin waya ne a bakin kasuwa, ɗaya malamar Islamiyyar matan aure, ɗaya kuma mai kanti, wanda ya ce mata mahaifinsa ne wakilin katin zaɓe na garin a da. Mutane ke zuwa su roƙe su aron waya su yi magana.

## 2021: gyaran

Anti ta rubuta takarda ga shugaban sashen shirye-shirye tana neman a ba ta filin yamma na wata uku, gwaji. Ba wanda ke rububin filin, don haka ba a ja ba. Kafin ta fara ta je gidan Baba.

"Baba, na zo ne ka koya mini kason kati."

"Ai 'yata, ina kika ga katin?"

Ta kunna masa saƙonnin. Ya saurara har ƙarshe, ya gyara mata sunan ƙauyuka biyu, ya ce ta dawo da littafi.

Abu na farko da aka yi shi ne mayar da shirin 4:30. Sannan aka nemi wakili a kowace ƙaramar hukuma da FM ke kaiwa, daga ragowar ƙungiyoyin zaɓe da masu caji da malaman Islamiyya, aka tabbatar akwai mata a ciki. Wakili ya ɗauki muryar mai gaisuwa, kada ta wuce rabin minti, ya fara da suna da gari. Ƙarfe 12 na rana ake rufe karɓa. Daga nan Anti da furodusa su zauna su kasa saƙonnin bisa yankuna, kamar yadda ake yi wa kati. Baba yana zuwa ran Litinin da Alhamis, ana ba shi kuɗin mota. Ba ya shiga situdiyo sai ran Alhamis na minti goma, sauran aikinsa a waje ne, kunne a jikin waya, yana cewa wannan garin ba haka ake faɗarsa ba, wannan kuma jiya ma an sa shi, a bari sai jibi.

Ba a kori masu kira ba, an dai bar musu minti 15 na ƙarshe, kuma wanda ya shiga yau sai wani makon. Tsofaffin gwanayen danna lamba sun yi ƙorafi, har wani ya kai ƙara wajen shugaban gidan cewa an hana shi haƙƙinsa.

Cigiya da sanarwar rasuwa suka koma farkon shiri, kyauta. Aka ƙara fili ɗaya da babu shi a zamanin Baba: wakilin garin da kasuwarsa ke ci a ranar ya aiko da farashin buhu da na kwano, masara da gero da dawa da wake, da na awaki idan an kusa salla. Manomi ya ji nawa ake sayarwa a kasuwanni uku kafin ya ɗora kayansa a mota.

Ƙorafi shi ne mai wuyar sha'ani a gidan gwamnati. Tsarin da aka bi shi ne ba a sa kuka a iska sai an kira jami'in da abin ya shafa an ji ta bakinsa, a sa su tare. Bayan mako biyu a koma wa wakili a tambaye shi an gyara ko ba a gyara ba, a faɗi amsar yadda take. Wasu shugabannin ƙananan hukumomi sun daina ɗaga waya. Wasu kuwa sun gano cewa jin "an gyara" a rediyo talla ce ta kyauta. Talla kuma sai an karanta rubutunta kafin a karɓa, magani sai mai lambar hukumar kula da abinci da magunguna ta NAFDAC.

Gyaran bai tafi sumul ba. Wakilai biyu sun fara karɓar kuɗi a hannun mata kafin su ɗauki murya, aka sauke su, aka kuma riƙa sanarwa kullum cewa gaisuwa kyauta ce. Wasu sun riƙa cusa kirarin 'yan siyasa a cikin gaisuwa, dole sai an saurari kowane saƙo kafin a sa. Daga Satumbar 2021 kuma, da aka katse layukan waya a Zamfara da sassan Katsina da Sakkwato da Kaduna saboda matsalar tsaro, wasu yankunan da shirin ke kaiwa suka shiga ciki. Wakilan can suka koma rubuta gaisuwa da cigiya a takardar littafin makaranta, suna ba direbobin haya. Anti ta riƙa karantawa da bakinta har layi ya dawo.

Wata ukun gwajin ya cika ba wanda ya tayar da maganar.

## 2022 zuwa 2024: tsadar wuta

A 2022 farashin gas ya ninka har ya wuce, gidajen rediyo da yawa a ƙasar suka rage sa'o'in aiki. A Agustan shekarar NBC ta sanar da soke lasisin tashoshi 52 kan bashin kuɗin sabuntawa, da yawansu na jihohi, kafin ta jingine matakin. Ranar 29 ga Mayun 2023 aka cire tallafin fetur, a Afrilun 2024 kuma kuɗin lantarki na masu rukunin A, wato waɗanda suka fi samun wuta, ya koma naira 225 kowane yunit.

Gidan ya koma rufewa da tsakar rana, ya sake buɗewa ƙarfe 4. An kawo shawarar a tura shirin bayan isha'i inda ake haɗa shirye-shirye don a tattala mai. Anti da furodusarta suka ce a rage tsawon, kada a taɓa lokacin farawa. Aka yanke shi daga minti 90 zuwa 60, waƙa ce ta fi shan yanka. Dillalan hatsi suka ɗauki nauyin filin farashi, wasu masu sayar da taki da iri suka sayi talla ta dukan damina. Ran da gas ya ƙare ana jinkirta wasu shirye-shiryen, wannan ba a taɓa shi, domin shi ke kawo kuɗin gas ɗin.

## Abin da lamarin ya nuna

Gidan bai taɓa yin ƙidayar masu sauraro ba, don haka ma'aunin da ake da shi shi ne littafin furodusa, da garuruwan da saƙo ke fitowa, da masu tallar da ke dawowa da kansu. Duka ukun sun nuna shirin ya farfaɗo daga 2021, ko da yake bai koma yadda yake a zamanin matsakaicin zango ba.

Kuskuren 2008 a ganina ba ɗaukar matashi ba ne, kuma ba sa waya ba ne. Shugabanni sun ɗauki kati a matsayin tsohon yayi, ba su lura cewa a bayansa akwai mutane ba: wakili, ɗan makaranta mai cikewa, yaron da ake aika, direba. Su ne ke ɗauko muryar wanda ba shi da hanyar kai ta da kansa, musamman matan aure da mutanen ƙauye. Da aka soke kati, su aka sallama ba tare da an sani ba, shirin ya koma na masu kuɗin kira. Saƙon murya bai fi kiran waya da komai ba sai abu biyu: wani na iya ɗaukar wa wani, kuma ana iya kasa shi kafin a sa. Ashe kason da Baba ke yi a kan tabarma shi ne aikin, zaman gaban makirfo kammalawa ce.

Sauya lokaci ɓarna ce da aka yi don sa'a biyu ta talla da ba ta samu ba. Sayar da fili kuwa ba zan kira shi wauta ba, gidan da ba a ba shi kuɗin gas dole ya nema. Laifin yana wurin zaɓen abin da aka sa a lokacin da uwa da 'ya'yanta ke gefen rediyo, da kuma barin shirin shekara da shekaru ba mai shi. Facebook bai cutar ba, bai kuma magance komai ba. Dole a ambaci sa'a ma. Ba don kuɗin darussan korona sun gyara eriya ba, wakilai za su aiko da murya ne daga garuruwan da ba a jin tashar.

Akwai abin da bai warware ba. Ƙananan hukumomin da ke kan iyaka har yanzu ba sa kama FM ɗin, kuma ba a maganar tayar da tsohuwar na'ura. Anti tana nan a ma'aikaciyar wucin gadi, ba takardar ɗaukar aiki, wata tasha mai zaman kanta kuma ta riga ta yi mata magana. Baba ƙafa ta fara hana shi zuwa, yanzu gida ake kai masa saƙonnin. An sa wani yaro ɗan hidimar ƙasa ya riƙa zama wurin kason, amma shekara ɗaya zai yi ya tafi. Tun da Muryar Amurka ta yi shiru a Maris ɗin 2025, sashen kasuwanci ke neman a jawo shirin zuwa ƙarfe 4 a ƙara masa rabin sa'a ta talla. Furodusa ta ce ƙarfe 4 ana masallaci. Takardar tana kan teburin shugaban gidan.